Daraktan da ya ƙona finafinansa: yadda jarin mai situdiyon Montreuil ya karye

Wannan nazari ne a kan Georges Méliès, darakta Bafaranshe na zamanin da fim ba ya magana, mai kamfanin Star Film, wanda situdiyonsa ke garin Montreuil a gefen birnin Paris. Tsakanin 1896 da 1913 ya shirya fim fiye da 500. An kalli aikinsa daga Landan har New York, an kwaikwaye shi, an kuma sace shi. Duk da haka, a 1923 ya wayi gari ba situdiyo, ba gidan wasa, finafinan ma shi da kansa ya banka musu wuta. Abin da za mu bi diddigi shi ne yadda aka yi mai kayan da ake rububi ya kasa cin moriyar kayansa, da matakan da ya ɗauka, da abin da kowane mataki ya haifar.

## Asali da jari, 1861 zuwa 1895

An haife shi a Paris ranar 8 ga Disamba 1861, shi ne auta cikin 'ya'ya maza uku na wani attajiri mai masana'antar takalma. Tun yana makaranta zane ne a ransa, amma uban ya ƙi ya bar shi ya bi wannan hanya, ya sa shi kula da injinan masana'anta. A nan ya koyi kwance inji da ɗaura shi, ilimin da ya yi masa rana daga baya. A 1884 aka tura shi Landan ya koyi Turanci da ciniki. Can ya riƙa zuwa gidan wasa na Egyptian Hall, inda wani ɗan dabo mai suna Maskelyne ke nuna dabo, wasan da ba sai ka ji harshe za ka more shi ba. Ya dawo gida a 1885 da son dabo cikin jininsa, ya yi aure a wannan shekarar.

A 1888 uban ya ajiye aiki. Shi kuwa ya sayar wa yayyensa biyu kasonsa na masana'anta, ya haɗa da dukiyar da matarsa ta zo da ita, ya sayi gidan wasan Robert-Houdin, wani ƙaramin gidan dabo a titin Boulevard des Italiens. Cikin 'yan shekaru ya ƙirƙiro dabaru fiye da 30 na rufa-ido. Shi ke tsara su, shi ke ƙera kayan, shi ke zana labulen baya. Ba shi da abokin tarayya, ba ya bin umarnin kowa, kuɗin kuma nasa ne. Da wannan hali ya shiga harkar fim.

## Shiga fim da yadda ake cinikinsa, 1896 zuwa 1901

A ƙarshen Disamba 1895 yana cikin waɗanda suka ga majigin 'yan'uwan nan Lumière, waɗanda suka ƙera na'urar ɗauka da haska fim, a Grand Café da ke Paris. Nan take ya taya na'urar faran 10,000 (faran shi ne kuɗin Faransa na lokacin), suka ce ba ta sayarwa ba ce. Bai tsaya ba, ya tsallaka Landan ya sayo na'urar haska fim a wurin Robert Paul, kafin watan Afrilu na 1896 ya ƙare yana nuna fim a gidan wasansa. Ya kwance na'urar ya gane yadda take aiki, ya mayar da ita kyamara.

A ƙarshen 1896 ya fara gina situdiyo a lambun gidansu da ke Montreuil, aka gama a 1897. Bango da rufi duk gilashi ne, domin hasken rana ake buƙata, fitilar lantarki ta lokacin ba ta isa ba. Ya yi dandamalin daidai girman na gidan wasansa, da ƙofofin ɓoye a ƙasa da igiyoyin ɗaga mutum sama. Kyamara tana kafe wuri guda, tana kallon dandamali kamar yadda ɗan kallo ke kallo daga kujerarsa.

Dabarunsa ba su da yawa, amma ya iya su fiye da kowa. Akan tsayar da kyamara, a cire mace daga kan kujera a ajiye ƙwarangwal, a ci gaba da ɗauka, sannan a yanke fim ɗin a liƙe shi da kyau yadda ido ba zai ga gaɓar ba. Akan kuma mayar da fim baya a sake ɗauka a kansa. Da haka ya fito shi kaɗai a matsayin makaɗa bakwai a wani fim na 1900. Launi kuwa da hannu ake sa shi. A wurin aikin Elisabeth Thuillier a Paris, mata kimanin 200 ne ke zaune da burushi, kowace da launinta, suna bin hoto ɗaya bayan ɗaya.

Ga yadda cinikin yake, kuma nan ne ya kamata mai karatu ya natsu. Abin da kyamara ta ɗauka shi ne uwar fim, daga ita ake wanke kwafi. Kwafin nan sayar da shi ake yi da awon mita, kamar yadi. A kundin kayan Star Film kowace lamba tana nufin kimanin mita 20. Manyan masu saye su ne masu yawo da majigi a bukukuwan kasuwa na shekara-shekara, waɗanda ke kafa tanti a wannan gari yau, wata mai zuwa su tashi zuwa wani. Idan mutum ya biya, kwafi ya zama nasa. Ko sau dubu ya nuna shi, ko ya sayar wa wani, mai fim ba shi da ko sisi a ciki. A shekarun farko wannan bai dame shi ba, domin finafinan gajeru ne, minti ɗaya ko biyu, kuɗin shirya su kaɗan ne, kuma mai yawo da majigi ba ya buƙatar sabon fim kullum tunda kullum 'yan kallonsa sababbi ne. A Landan ma kamfanin Warwick na Charles Urban yana yi masa dillanci.

## Farkon matsala, 1902

A 1902 ya shirya fim ɗin da har yau aka fi saninsa da shi, na masana taurari da aka harba da igwa zuwa duniyar wata, harsashin ya soki wata a ido. Tsawonsa mita 260, wajen kwata guda na awa. Ya ci wata uku ana aikinsa, ya kuma ci faran 10,000, kuɗin da ba a saba zuba wa fim ɗaya ba a lokacin. Ya sa wa kwafi marar launi faran 560, mai launi faran 1,000. Idan aka yi lissafi da marar launi, sai ya sayar da kwafi 18 kafin ya mayar da kuɗin shiri kaɗai, ba a ma zo maganar ɗanyen fim da ladan wanki na kowane kwafi ba.

Da farko masu majigi sun ja baya saboda tsada. Kamar yadda ya bayar da labari da kansa, sai da ya ara wa wani mai tanti kwafi kyauta, jama'a suka yi ta cika tantin har dare, sannan oda ta fara shigowa. A Faransa fim ɗin ya karɓu. A Amurka ya fi karɓuwa, amma daraktan bai ga kuɗin ba.

Abin da ya faru mai sauƙi ne. Wani ya sayi kwafi ɗaya a Turai ya kai Amurka, a can aka wanke sabuwar uwa daga kwafin, daga ita aka riƙa buga kwafi yadda aka ga dama. Siegmund Lubin na Philadelphia ya yi, kamfanin Edison ya yi, Selig na Chicago ya yi. Suna iya karya farashi tunda ba su biya 'yan wasa ba, ba su gina dandamali ba, ba su yi wata uku a cikin zafin ɗakin gilashi ba. Duk wanda ya ga yadda 'yan satar fasaha suka yi wa kasuwar kaset da faifan CD a Kano ya san irin wannan ciwo. Doka kuma ba ta tare masa komai ba. Dokar haƙƙin mallaka ta Amurka ba ta san wani abu wai shi fim ba sai a 1912. Kafin nan, mai son kariya sai ya buga fim ɗinsa a kan doguwar takarda ya yi masa rajista a matsayin hoto a ɗakin karatu na majalisar dokokin ƙasar, a Washington. Shi bai yi ba. Satar ma ba sabuwa ba ce, ta fara tun wani fim ɗinsa na tatsuniya na 1899, amma ta 1902 ce ta nuna masa girman asarar.

## Matakan yaƙi da sata, 1902 zuwa 1906

Méliès ya tura yayansa Gaston, wanda harkar takalma ta riga ta mutu masa, ya buɗe reshen Star Film a New York. Kundin kayan da reshen ya fitar a 1903 ya buɗe ne da gargaɗi ga masu kwafar fim cewa za a kai su kotu. Daga wannan shekarar suka fara aika kwafin takarda Washington don rajista. Tambarin kamfanin, baƙin tauraro, ana liƙa shi a jikin kayan dandamali, yadda ɓarawo ba zai iya yanke shi ba sai ya ɓata hoton.

Matakin da ya fi kowane tsada shi ne na uwa biyu. Ya haɗa kyamarori biyu gefe da gefe suna juyawa tare, kowane fim ya fito da uwa biyu: ɗaya ta zauna a Montreuil don kasuwar Turai, ɗaya ta hau jirgin ruwa zuwa New York. Da haka reshen ke wanke kwafinsa a can ya fitar da fim kafin wani ya samu damar shigo da na Turai ya kwafa.

Matakan sun yi aiki a kan abin da aka yi su dominsa. Satar kai-tsaye ta ragu, kuɗin Amurka ya fara shigowa, shekarun 1903 zuwa 1905 suka zama ganiyarsa. A 1904 ya zuba faran 37,500 a fim ɗaya na wata tafiya zuwa rana. Sai dai akwai abin da rajista ba ta hanawa. Pathé, babban kamfanin fim na Faransa, ya sa ma'aikatansa, irin su Gaston Velle da Segundo de Chomón, su yi finafinan rufa-ido irin nasa. A 1908 Chomón ya sake yin labarin zuwa wata kusan fage bayan fage. Launi kuma Pathé ya daina dogara da burushi, ya koma amfani da inji da yankakkun zubi da launi ke bi ta hudarsu, abin da ya sa kwafinsa mai launi ya fi araha nesa ba kusa ba.

## Kasuwa ta juya, 1907 zuwa 1910

Yana can yana fama da ɓarayi, 'yan kallo suka sauya mazauni. A 1905 aka fara buɗe ƙananan gidajen kallo a Amurka inda ake shiga da santi biyar, cikin shekara biyu suka bazu ko'ina. A Paris, Pathé ya buɗe gidan silima na dindindin a ƙarshen 1906. Gidan da ke zaune wuri ɗaya 'yan unguwa ɗaya yake kira kullum, don haka dole ya riƙa sauya fim kowane mako, wani wuri ma kowace rana. Mai irin wannan gida ba ya son sayen fim da zai nuna kwana bakwai ya ajiye. Haya yake so.

A 1907 Pathé ya daina sayar da kwafi a Faransa, ya koma ba da haya. Wannan ya sauya lissafi gaba ɗaya. A tsarin haya kwafi na nan hannun kamfani, yana zagaya gidaje yana kawo kuɗi a kowane zango. Amma sai mai rassa a garuruwa, mai jarin da zai jira kuɗi ya dawo a hankali, mai kuma sabon fim kowane mako, shi ne zai iya. Pathé yana da masana'anta a Vincennes da Joinville, da daraktoci da yawa suna aiki lokaci guda, da ofisoshi a ƙasashe. Mutumin Montreuil yana da ɗakin gilashi da hannunsa biyu.

Ya yi ƙoƙarin bin sahu. A 1907 ya gina situdiyo na biyu. A 1908 Star Film ya shiga ƙungiyar da Edison ya haɗa don riƙe kasuwar Amurka, wadda aka kammala kafa ta a Disambar shekarar da sunan Motion Picture Patents Company. Sharaɗin shi ne ya riƙa kawo ƙafa 1,000 ta sabon fim kowane mako, wato kimanin mita 300. A tuna cewa fim mai mita 260 wata uku ya ɗauke shi. Don cika alkawari ya raba ma'aikata gida biyu, ya bar wasu suna ba da umarni a madadinsa, aka fitar da fim fiye da 50 a shekarar. Yawancinsu na barkwanci ne da ƙananan labarai na gaggawa, irin waɗanda wasu kamfanoni suka fi shi iyawa kuma suka fi shi arha.

A farkon Fabrairu 1909 aka yi taron masu shirya fim na ƙasa da ƙasa a Paris, shi ne ma ya shugabance shi. An amince a daidaita ramukan gefen fim yadda kowane fim zai hau kowace na'ura, an kuma amince a daina sayarwa a koma haya ta 'yan watanni. Shi bai ji daɗin sharaɗin haya ba, domin abokan cinikinsa masu tanti ne, kuma ya faɗa a fili cewa shi ba babban kamfani ba ne, mai zaman kansa ne. Yarjejeniyar taron ba ta yi ƙarko ba, amma haya ta riga ta zama hanya. Mafi yawan 1909 situdiyo a rufe yake. Ya ɗan taɓa aiki a ƙarshen shekarar, a 1910 kuma ya koma kan dabonsa na dandamali.

Akwai kuma maganar ɗanɗanon 'yan kallo. A waɗannan shekaru ne daraktoci irin su Griffith a Amurka suka fara matso da kyamara kusa da fuska, suna yanka daga wannan wuri zuwa wancan don ɗaga hankalin mai kallo, suna fita waje su ɗauki doki da jirgin ƙasa na gaske. Kyamarar Montreuil ba ta motsa daga inda take tun 1897 ba.

## Kuɗin Pathé da tafiyar yaya, 1910 zuwa 1913

A 1911 ya dawo aiki, amma da kuɗin Charles Pathé, mai kamfanin Pathé. Yarjejeniyar ta ba Pathé ikon rarraba finafinan da ikon yanke su yadda ya so. Jinginar da aka ajiye ita ce gidan Montreuil da situdiyon da ke cikinsa.

Fim shida ya yi a ƙarƙashin wannan tsari. Mafi girma shi ne na 1912 a kan tafiya zuwa ƙuryar arewacin duniya, mai tsawon mita 650, inda ya gina wani ƙaton dodon ƙanƙara da mutane da yawa ke juya shi da igiyoyi. Aiki ne mai ban sha'awa, a ganina yana cikin mafi kyawun abin da ya taɓa yi. Amma a Disambar 1911 Amundsen, matafiyin nan ɗan Norway, ya riga ya taka ƙuryar kudu da ƙafarsa, jaridu cike suke da hotunan ƙanƙara ta gaske, mutane ba su yi ɗokin ta fenti ba. Wani fim ɗin tatsuniya da ya biyo baya Pathé ya datse shi sosai kafin a fitar, aikin da ake dangantawa da Ferdinand Zecca, babban daraktan Pathé. Babu ko ɗaya cikin shidan da ya mayar da kuɗinsa. Ya raba gari da Pathé, bashi kuwa yana nan.

A ɗaya ɓangaren, reshen Amurka ya riga ya kama gabansa. Yayan ya fara shirya nasa finafinan, ya koma San Antonio a Texas a 1910 yana yin na kaboyi, a 1911 ya wuce California. A tsakiyar 1912 ya kwashi ma'aikata ya shiga jirgin ruwa don ɗaukar fim a Tahiti, New Zealand, Ostireliya, Java, Kambodiya da Japan. Zafi da laima suka lalata da yawa daga abin da aka ɗauka, sauran kuma bai samu kasuwa ba. An yi asarar kimanin dala 50,000, ya sayar da reshen ga kamfanin Vitagraph. Gaston ya rasu a 1915 ba su shirya da ƙanensa ba. A watan Mayu 1913 kuma matar daraktan ta rasu. Daga wannan shekarar bai ƙara shirya fim ba.

## Yaƙi da wutar 1923

Ɓarkewar Yaƙin Duniya na Ɗaya a 1914 ta jinkirta masa ƙwace, domin gwamnati ta dakatar da karɓar basussuka. An rufe gidan Robert-Houdin na wani lokaci. An mayar da wani sashen Montreuil asibitin sojojin da suka ji rauni. Situdiyo na biyu kuwa ya mayar da shi ƙaramin gidan wasa, inda shi da 'yarsa da ɗansa suka riƙa yin wasannin waƙa har 1923. Wannan ya ciyar da iyali, bai taɓa bashin ba. A shekarun yaƙin an narkar da kwafin finafinansa masu yawa don a ciri azurfar da ke jikinsu da robar da aka yi su da ita.

A 1923 komai ya zo lokaci guda. Masu bin bashi suka karɓi Montreuil. Hukumar birni ta rushe gidan Robert-Houdin don tsawaita titin Boulevard Haussmann. Ya rasa inda zai ajiye ɗaruruwan gwangwanayen fim, kaya ne kuma masu saurin kama wuta, ba a kai su gidan haya. Cikin ɓacin rai ya tara uwayen finafinan da ke Montreuil ya ƙona su, tare da yawancin tufafi da kayan dandamali. Yana da shekara 61.

## Tashar Montparnasse da dawowar suna, 1925 zuwa 1938

A Disambar 1925 ya auri tsohuwar 'yar wasansa, wadda ke da ɗan shago na alewa da kayan wasan yara a tashar jirgin ƙasa ta Montparnasse. Nan ya zauna daga safe har dare, shekara bayan shekara, yana zane a takarda idan ba ciniki. Da yawa a harkar fim sun ɗauka ya mutu.

Léon Druhot, editan mujallar Ciné-Journal, shi ne ya gano shi a shagon, ya fara rubutu a kansa. Lokacin ya dace, domin matasan marubuta da masu ƙungiyoyin kallon fim a Paris sun fara tambayar yadda sana'ar ta faro. Jean Mauclaire, mai gidan silima na Studio 28, ya samo wasu tsofaffin kwafi, aka gyara su. Ranar 16 ga Disamba 1929 aka yi bikin karrama shi a zauren Pleyel, aka nuna finafinan da mutane suka manta. A Oktoba 1931 aka ba shi lambar girma ta Légion d'honneur, Louis Lumière ne ya maƙala masa. Washegarin kowane biki shagon yake komawa.

Abin da ya fitar da shi daga tashar ya zo a 1932, lokacin da asusun taimakon juna na ma'aikatan fim ya ba shi mazauni a gidan tsofaffinsu da ke Orly, shi da matarsa da jikarsa. A can Henri Langlois da Georges Franju, waɗanda suka kafa ma'ajiyar tsofaffin finafinai ta Cinémathèque Française a 1936, suka riƙa ziyartarsa, har suka ajiye tsofaffin finafinan da suke tarawa a wani gini a harabar suka ba shi mabuɗi. Ciwon daji ya yi ajalinsa ranar 21 ga Janairu 1938, aka binne shi a maƙabartar Père Lachaise.

## Abin da ya tsira

Cikin fim fiye da 500, kimanin 200 ne ake da su yau. Wutar 1923 ba ta kai ga uwayen da aka aika New York ba. Sun bi hannun Vitagraph da wasu bayansa, da yawansu suka ƙare a ɗakin karatun majalisa a Washington. Kwafin takarda da aka yi wa rajista tun 1903 su ma suna can, daga baya aka sake ɗaukar su a kan fim. Sauran an tsinto su ne a wurin magadan masu tanti, da ma'ajiyoyin ƙasashe daban-daban, har da kwafin da ɓarayi suka buga. A 1993 aka samu kwafi mai launin hannu na fim ɗin zuwa wata a ma'ajiyar finafinai ta Kataloniya a Barcelona, ya manne ya zama dunƙule. An yi shekaru ana ɓamɓare shi a hankali ana ɗaukar hotonsa ɗaya bayan ɗaya, aka nuna shi a bikin finafinai na Cannes na 2011.

## Hukunci

An saba cewa ɓarayin Amurka ne suka karya shi. Sun cuce shi ƙwarai, kuma babu uzurin da za a yi musu. Amma tarihin ya nuna cewa ya shawo kan wannan matsalar cikin shekara ɗaya ko biyu, shekarunsa mafi albarka ma bayan satar suka zo. Abin da ya karya shi ya faru ne tsakanin 1907 da 1909, lokacin da kuɗin fim ya tashi daga hannun mai shiryawa ya koma hannun mai rarrabawa. Bai taɓa mallakar hanyar kai fim ga 'yan kallo ba, a Faransa ko a waje. Masu tantin da ya riƙe da aminci su kansu kasuwarsu tana mutuwa.

Shiga ƙungiyar Edison ya gaza ne saboda ta nemi yawa daga mutumin da ƙarfinsa ke cikin aikin natsuwa. Ƙafa 1,000 a mako ta raba shi da abin da ya sa ake sayen kayansa, ba ta kuma mayar da shi Pathé ba. Reshen New York ya yi amfani muddin dillanci yake yi. Da ya zama kamfani na biyu mai kashe kuɗi ba tare da mai tsawata masa ba, sai ya ja uwar kamfanin ƙasa. Yarjejeniyar 1911 ita ce ta fi muni, domin ya ci bashi a hannun babban abokin hamayyarsa, ya ba shi ikon rarrabawa da na yankewa, sannan ya ɗora gidansa a kai. Duk abin da zai sa fim ya ci kasuwa yana hannun mai ba da bashi, asarar kuwa tana wuyan mai karɓa.

Maganar cewa ya ƙi sauya salo gaskiya ce, amma ban ɗauke ta laifi ba. Ɗan dabo ne da ya ga kyamara a matsayin sabon kayan aikin dandamali, kuma a wannan fage babu wanda ya kamo shi a zamaninsa. Da ya samu mai rarrabawa da zai karɓi fim biyu ko uku a shekara ya bar masa kasonsa na haya, da wataƙila ya daɗe yana aiki. Irin wannan tsari bai samu gindin zama ba sai bayan ya bar fage.

Abin da ya yi aiki kashi biyu ne. Tsufansa ya samu rufin asiri ta hanyar asusun da ma'aikatan fim suka haɗa don junansu, bayan tafin 1929 da lambar girmar 1931 sun bar shi a shagon tasha har 1932. Aikinsa kuwa matakan da ya ɗauka a 1903 ne suka cece shi. Uwa ta biyu da kwafin takarda ya yi su ne don ya tare ɓarayi, sun kuma ci masa kuɗi mai yawa, amma saboda an ajiye su a wata ƙasa, a hannun wasu mutane, nesa da bashinsa da ɓacin ransa, su ne suka ba masu gyaran tsofaffin finafinai kaso mai tsoka na abin da ake kallo yanzu.